Samanja Mazan Fama: Banufen da ya ba Hausawa dariya da Hausar bariki

Ranar Lahadi 12 ga Nuwamba 2023 Allah ya yi wa Alhaji Usman Baba Pategi rasuwa a Kaduna, yana da shekara 81, bayan doguwar jinya. In ka ambaci wannan suna a tashar mota a Kano ko Maraɗi, mutum ɗaya ko biyu ne za su ɗago kai. Amma ka ce Samanja, duk wanda ya haura arba'in sai ya murmusa tun kafin ka ƙarasa magana. Mu a nan Rusairis labarin ya same mu yaƙin Sudan yana cikin wata na bakwai, hankali duk yana kan Khartum da 'yan uwan da ke gudowa, saboda haka ya wuce kamar ba a yi ba.

Bai kamata ya wuce haka ba, musamman a wajen Hausawan da ke zaune nesa da Kano da Katsina. Mutumin da ya ƙirƙiro ɗaya daga cikin fitattun wasannin barkwanci na rediyo da talabijin a harshen Hausa ba Bahaushe ba ne ta haihuwa, kuma Hausar da ya gina wasan a kanta ba ita ce ta littafin makaranta ba. Hausa ce gauraye, ta masu koyo da kunne, irin wadda ake yi wa dariya. Duk wanda aka taɓa gyara wa magana a gaban mutane don ya sako Larabci ko Faransanci a tsakiyar jimla, yana da rabo a tarihin wannan bawan Allah.

Daga gidan Etsu zuwa bariki

An haifi Usman Baba a shekarar 1942 a garin Pategi, bakin kogin Kwara, cikin jihar Kwara ta Najeriya a yau. Garin Nufawa ne, kuma shi ɗan gidan sarautar garin ne, gidan Etsu. Rayuwa ta kai shi Kaduna, wadda a lokacin ita ce hedikwatar Jihar Arewa, gari ne na ma'aikata da 'yan reluwe da sojoji, inda Banufe da Batibi da Babarbare da Bayarabe ke haɗuwa a layin famfo su yi ciniki da faɗa da sulhu duk da Hausa. A nan ne gwamnatin Sardauna ta buɗe gidan rediyo da talabijin na Arewa a 1962, wanda daga baya aka raba shi: talabijin ta koma ƙarƙashin NTA, rediyon kuma ya zama Rediyon Tarayya na Kaduna.

Abubuwa biyu ne suka yi Samanja: wannan gidan rediyo, da kuma kaki. Usman Baba ya yi aikin soja a zamanin yaƙin basasar Najeriya, wanda aka gwabza daga 1967 zuwa 1970. Kafin yaƙin, sojojin Najeriya ba su wuce kimanin dubu goma ba. Da aka gama, sun kai wajen dubu ɗari biyu da hamsin. Ma'ana, cikin shekara uku kusan kowace unguwa ta samu nata sojan, kowane gida ya san wani da ya tafi ya dawo da sabuwar tafiya da sabon harshe. Ga shi kuma sojoji ne ke mulkin ƙasar tun 1966, ba su sauka ba sai 1979, suka sake dawowa a ƙarshen 1983. Farar hula na ganin soja a shingen hanya, yana tsoronsa, yana jin haushinsa, bai kuma san yadda yake kwana da tashi a cikin bariki ba.

Cikin wannan yanayi, a shekarun 1970, Samanja Mazan Fama ya fito, ya kuma ci gaba da jan jama'a har cikin shekarun 1980. Usman Baba ne ya ƙirƙiro shi, shi ke tsara labarin, shi kuma ke fitowa a matsayin Samanjan.

Me ya sa samanja, ba janar ba?

Kalmar samanja Hausantar da muƙamin sajan-manjo ce daga Ingilishi, kamar yadda aka samu kofur da kyaftin da kanar da kurtu. Wanda ya san bariki ya san cewa babu kujerar da ta fi wannan daɗin ba da labari. Samanja ba hafsa ba ne, bai yi karatun hafsoshi ba, sau da yawa ya girme su, ya kuma riga su shiga aiki da shekaru. Shi ne babba a cikin ƙananan sojoji. Umarni na saukowa daga sama ya bi ta bakinsa, koke na tasowa daga ƙasa ya bi ta kunnensa. A filin fareti zaki ne, in ya daka tsawa kurtu sai ya manta hagu da dama. Minti biyar bayan haka yana ƙame a gaban wani matashin laftanan da bai kai ɗansa ba. In ya koma gida kuma ga uwargida, wadda igiyar da ke hannun rigarsa ba ta dame ta ba.

Mutum ɗaya, fuska uku, kuma kowace fuska da irin maganarta. Nan ne gwanintar Usman Baba take. Samanjansa yana tsalle daga Hausa zuwa Ingilishin umarni zuwa burokin, wani lokaci duk a numfashi ɗaya, kuma mai sauraro yana gane da wa yake magana, da kuma ko tsoro yake ji ko burga yake yi, daga harshen da ya ɗauko kawai. Bai buƙatar a ce maka Oga ya shigo. Za ka ji a bakinsa.

Wannan Hausa tana da suna da tarihi. Barikanci ake ce mata. Tun a shekarun 1860 Turawan Ingila suka fara ɗaukar masu jin Hausa aikin ɗan sanda da soja a Legas, kuma da aka kafa rundunar Afirka ta Yamma a ƙarshen ƙarni na 19, Hausa ce ta zama harshen da ke haɗa sojojin da suka fito daga ƙabilu barkatai. Wanda ya koyi harshe a fareti ba ya tsayawa kan ƙa'ida. Abin da ya fi fita a Barikanci shi ne zubar da bambancin namiji da mace, sai ka ji an ce mata ya zo, ko yarinya ya tafi kasuwa. Karin sauti yakan baje, ɓ da ɗ da ƙ sukan koma b da d da k. Bakano in ya ji sai ya yi dariya. To, amma da wannan Hausar aka yi yaƙin Bama a rundunoni na 81 da 82 lokacin Yaƙin Duniya na Biyu, da ita kuma aka zauna a barikokin Gana, inda har yau Hausar zango ke raye.

Wani samanjan a Ingila

Abin sha'awa, a daidai shekarun da Samanja ke tashe a Kaduna, gidan talabijin na BBC a Ingila na nuna nasa samanjan. Marubuta biyu, Jimmy Perry da David Croft, su ne suka rubuta It Ain't Half Hot Mum, wanda aka nuna daga 1974 zuwa 1981. Labarin wata ƙungiyar sojoji ce masu nishaɗantar da dakarun Birtaniya a Indiya da Bama a ƙarshen Yaƙin Duniya na Biyu, da wani samanja mai ƙaton gashin baki da ke kwana yana musu tsawa. Kafin shi, su biyun ne suka rubuta Dad's Army, kashi 80 daga 1968 zuwa 1977, a kan tsofaffi da yaran da aka tara su tsare gida lokacin da ake tsoron Hitila zai tsallako. Perry, wanda ya rasu a 2016, daga rayuwarsa ya ɗebo duka biyun: ya shiga dakarun tsaron gidan yana matashi, daga baya kuma ya yi aiki a irin waccan ƙungiyar nishaɗi a Indiya. Shi da Usman Baba rijiya ɗaya suka sha: sun sa kaki, sun ga abin dariyar da ke cikinsa, sun fito sun ba da labari.

Inda suka rabu ya fi inda suka haɗu koyar da mutum. A wasan Perry da Croft akwai Indiyawa masu hidima, masu karyayyen Ingilishi, kuma babban cikinsu wani Bature ne, Michael Bates, aka shafa wa fuska ya fito a matsayin Ba'indiye. A lokacin miliyoyi sun kalla sun yi dariya. Yau BBC ba ta maimaita wasan, alhali Dad's Army har gobe ana nunawa. Karyayyen harshen da ke can na bara ne a bakin ubangidansa, mai mulki ne ke kwaikwayon wanda yake mulka. A Samanja kuwa mai gaurayayyen harshen shi ne jarumin, shi ne mai iko a filin fareti, kuma wanda ke kwaikwayonsa ɗan gida ne, wanda shi kansa Hausa ba ita ya fara ji a bayan uwarsa ba. A ganina wannan ne ya sa sojojin ma ba su ɗauki wasan a matsayin cin mutunci ba, a zamanin da taɓa soja ba ƙaramin ganganci ba ne.

Marubucin da ba a ganin takardarsa

In an ce marubucin wasan barkwanci a Ingila, ana nufin mutum mai zama ya rubuta kowace kalma, har inda ɗan wasa zai yi shiru ya jira dariya. Sunansa na fitowa a farkon shiri, ana biyansa in an maimaita, rubutun kuma ana adana shi, wani lokaci a buga shi littafi. Shi ya sa ake iya rubuta tarihin Perry da Croft kashi bayan kashi.

Wasan kwaikwayon Hausa na rediyo da talabijin galibi ba haka ya tashi ba. Masanan da suka bi shi, irin su Graham Furniss a littafinsa na 1996 kan adabin Hausa, da Janet Beik da ta yi nazarin ƙungiyoyin wasa na Nijar a littafinta na 1987, sun nuna cewa abin da jagoran wasa ke kawowa shi ne ƙashin labari: wa zai shigo, me ya kawo shi, ina rigimar za ta kai, yaya za a warware. 'Yan wasa su tattauna, su gwada, sannan kowa ya zuba maganarsa da bakinsa a gaban makirfo. Kowane ɗan wasa ya riƙe halin mutum ɗaya shekara da shekaru har ya san abin da zai faɗa ko a mafarki.

Wasu za su ce to ai wannan ba rubutu ba ne. Ni malamin makaranta ne, na san wuyar sa yara talatin su faɗi abu ɗaya, balle a sa manya goma kowa ya faɗi nasa kuma labari ya isa inda aka nufa cikin rabin sa'a. Wanda ya iya wannan mako bayan mako, tsawon shekaru, ya yi aikin marubuci da na darakta a haɗe. Illa dai tsarin yana da tsada ta wata fuska: in kaset ya lalace, wasan ya tafi ke nan, don babu takardar da za a koma wa. Wasannin da suka tsira cikakku su ne 'yan kaɗan da aka mayar littafi, kamar Zamanin Nan Namu da Jatau Na Kyallu na Shu'aibu Maƙarfi, ko Zaman Duniya Iyawa Ne na Yusuf Ladan, wanda shi ma ɗan gidan rediyon Kaduna ne.

Usman Baba ba shi kaɗai ba ne a zamaninsa. Akwai Ƙasimu Yero na Karambana, wanda ya rasu a 2017, akwai Karkuzu a Jos, akwai Kuliya Manta Sabo a Kano, a Nijar kuma ga Yazi Dogo, malamin makaranta da ya yi suna da ƙungiyar wasa ta Damagaram. Su ne suka share fagen da finafinan Kano suka zo suka tarar, har aka samu irin su Rabilu Musa Ibro, wanda ya rasu a 2014. Su ma ba daga sama suka faɗo ba. Ƙasar Hausa ta daɗe da 'yan kama masu kwaikwayon malamai, da wasan gauta inda ake kwaikwayon sarki da fadawansa a gabansu, da tashen watan azumi. Al'ada ce ta ba wa wani lasisin faɗin abin da saura ke gunaguni a kai, muddin ya sa an yi dariya.

Dariyar da ke da ƙa'ida

Akwai wani abu da ya kamata a tuna game da Banufe mai ba Hausawa dariya. Tsakanin Nufawa da Katsinawa akwai wasa na gado, kamar yadda yake tsakanin Gobirawa da Yarabawa, ko Fulani da Barebari, ko Kanawa da Zazzagawa. A Nijar an ɗauki wannan al'ada da muhimmanci har UNESCO ta sa ta cikin jerin al'adun duniya a 2014. Ƙa'idarta sananniya ce: ka tsokane ni, in tsokane ka, babu mai fushi, kuma ranar wuya ina da haƙƙi a kanka. Tsokanar tana tafiya ta ɓangare biyu. Barikin Samanja irin wannan fili ne, an tara kowa da kowa, kowa da lafazinsa, kuma ba wanda ya tsira, har shi mai tsawar.

Mu Hausawan Sudan mun san ɗaya nau'in dariyar, wadda ke tafiya ta ɓangare guda. Kakanninmu sun zo ta hanyar hajji, wasu kuma sun biyo Muhammadu Bello Mai Wurno bayan yaƙin Burmi na 1903, suka kafa garin da ke ɗauke da sunansa kusa da Sinnar. Sun yi noman auduga a Jazira bayan an buɗe aikin a 1925, sun yi su da noma a bakin Nil Azraƙ tun kafin a gama madatsar Rusairis a 1966. Duk da haka, wanda ya tashi a nan ya san barkwancin da ake yi da lafazin Larabcin tsofaffinmu, yadda ake kwaikwayon su in sun rikita namiji da mace ko sun kasa furta wasu haruffa. Daidai abin da Bakano ke yi wa Barikanci dariya a kai, shi ake yi mana a Larabci. Sudan na da gwanayen barkwanci na gaske, kamar marigayi Fadil Sa'id, wanda ya ƙirƙiro Ajab da Bit Guɗɗaim ya kuma riƙa fitowa a matsayinsu da kansa. Amma barkwancin ƙabila da ake sayarwa a kaset da dandali wani abu ne dabam, kuma mu ba mu taɓa riƙe makirfon da za mu rama ba. Bayan abin da ya faru a Rusairis da Damazin a watan Yulin 2022, inda aka rasa rayuka sama da ɗari, da kuma Wad al-Mahi a watan Oktoban shekarar, ba na jin akwai wanda zai ce maganar wane ne ɗan ƙasa da wane ne baƙo wasa ce kawai.

Ta ɗaya gefen kuma, in ɗanmu ya buɗe baki a Facebook ko ya haɗu da alhazan Najeriya a Makka, sai a ce masa wannan wace irin Hausa ce. Yana cewa madarasa da mustashfa da arabiyya inda Bakano zai ce makaranta da asibiti da mota, kamar yadda ɗan Damagaram zai ce lakwal da mushe da kumandan. Farfesa Al-Amin Abu-Manga na Jami'ar Khartum ya rubuta littafi guda a 1999 kan yadda Hausar Sudan ke sajewa da Larabci, wato abin ya isa a yi masa nazari. Sai dai a aji abin da nake gani shi ne yara masu jin kunyar harshe biyu a lokaci ɗaya: Larabcinsu a gaban Larabawa, Hausarsu a gaban Hausawa. Da yawa sukan zaɓi su yi shiru da Hausar. Irin waɗannan yaran nake so su san cewa an yi wani mutum a Kaduna da ya ɗauki Hausar da ake rainawa ya sa Kano da Sakkwato suka riƙa zama suna jiran ta kowane mako. Da Samanja a barikin Damazin ya yi aiki, da shawish za a kira shi, da rabin tsawarsa Larabci ce, kuma da wasan bai rage komai ba.

Ina kaset ɗin?

Yawancinmu a nan ba mu ga Samanja a lokacinsa ba, talabijin ɗin Kaduna ba ta isowa Nil Azraƙ. Abin da ya iso mana guntaye ne a waya, hoto dishi-dishi, murya na shiga tana fita, wani ya ɗauka daga tsohon kaset ya ɗora a YouTube. In aka kwatanta da shekarun da wasan ya yi ana nunawa, abin da ke yawo ɗin ɗan kaɗan ne.

Matsalar ba ta Afirka kaɗai ba ce. BBC da kanta ta riƙa goge kaset a shekarun 1960 da 1970 don a sake ɗaukar wani shiri a kai, saboda kaset na da tsada. Kashi uku na Dad's Army har yau ba a same su ba, wasu biyu kuma sai a 2001 aka gano su. Bambancin shi ne su suna nema. A 2013 aka sanar da cewa wani mai farautar tsofaffin finafinai, Philip Morris, ya gano kashi tara na shirin Doctor Who da suka ɓace shekaru da dama, kuma a ina? A ɗakin ajiyar wani gidan talabijin a Jos, garin Karkuzu. Mutum ya taso daga Ingila ya bi ɗakunan ajiyar Najeriya yana karanta rubutun jikin gwangwanaye don neman nasu.

A Sudan mun ga yadda abin ke ƙarewa in an yi jinkiri. Gidan rediyo da talabijin na Umdurman, inda aka tara muryoyin mawaƙa da 'yan wasan ƙasar na shekaru da dama, ya faɗa hannun dakarun RSF tun farkon yaƙin a Afrilun 2023, kuma sojoji ba su karɓe shi ba sai a Maris 2024, bayan kusan shekara guda yana tsakiyar fagen daga. Kaduna ba a yaƙi, amma kaset ɗin shekarun 1970 da 1980 zafi da ƙura da laima suna cin sa a hankali, injinan da ke karanta shi ma sun daina fitowa daga masana'anta. Wasan da ba a rubuta maganganunsa a takarda ba, kwafinsa na ƙarshe yana kan waɗannan faifai, da kuma a bakin 'yan wasan da suka rage cikin waɗanda suka yi aiki da Usman Baba, waɗanda mafi ƙanƙantarsu ma yanzu dattawa ne.